Yadda Ake Zama Shugabar Gidan Jinyar Tsofaffi a Malali

A Amurka, mai son riƙe gidan jinyar tsofaffi sai ya yi horo a ƙarƙashin wani shugaba, ya ci jarrabawar masu riƙe irin waɗannan gidaje, NAB, sannan jiharsa ta ba shi lasisi. A Kaduna hanya biyu ake haɗawa: lasisin mutum da rajistar gini.

Fara da kanki. Ki yi karatun aikin jinya, ko digiri na shekara biyar a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, ko a kwalejin jinya ta jiha da ke Kafanchan. Ki ci jarrabawar hukumar ma'aikatan jinya da ungozoma ta ƙasa, NMCN, ki karɓi lasisi, kuma kada ki bari ya mutu, domin sabunta shi na tafiya da halartar bita. Daga nan ki yi shekaru a ɗakin kwanciya na babban asibiti kamar Barau Dikko. A can za ki ga yadda ake juya mai shanyewar ɓarin jiki duk bayan awa biyu don kada bayansa ya yi gyambo, abin da aji ba ya koyarwa sosai.

Bayan lasisinki, rajistar sunan gidan a hukumar rajistar kamfanoni, CAC, ba ta da wuya.

Gini ne ke cin rai. Yawancin gidajen unguwar Malali don zaman iyali aka yi su, saboda haka sai hukumar tsara birane ta jiha, KASUPDA, ta amince a sauya amfanin gidan. Ki nemi gidan ƙasa, ba bene ba. Ƙofa ta isa keken guragu ya wuce, banɗaki ya samu ƙarfen dafawa, a cire tayil mai santsi, ɓangaren mata dabam da na maza. Ruwa da wuta kuwa, rijiyar burtsatse da sola sun zama dole. Sai ki kai takardunki Ma'aikatar Lafiya ta Jihar Kaduna, jami'anta su zo su ga wurin kafin a yi rajista. Ki tanadi likita mai lasisi da zai riƙa zagayowa, da nas ta dare.

Akwai abin da takarda ba ta warwarewa. A wurinmu, a ce an kai Baba gidan gajiyayyu abin gori ne. Shi ya sa nake ganin gara ki fara da jinyar yini: a kawo tsohuwa da safe, a auna hawan jini da suga, a ba ta magani, 'ya'yanta su ɗauke ta bayan la'asar. Gadajen kwana su biyo baya idan dangi sun yarda da ke.