Ki Ga Ribarki A Zane

'Yar'uwa mai haɗa turaren wuta a gida ana kai miki Kasuwar Kurmi, kin san watan da cinikinki ke faɗuwa kuwa? A littafi abin yakan ɓuya, amma a zane ba ya ɓuya.

Akwai manhaja ta kyauta, gnuplot, wadda Thomas Williams da Colin Kelley suka fara a 1986. Ki rubuta cinikin kowane wata a kwamfuta. 'Yarki mai karatun kwamfuta ta rubuta 'yan layuka da yaren Python, ta haɗa da PyGnuplot. Shi ɗan aike ne kawai, yana miƙa wa gnuplot umarni ta zana.

Inda layin ya sunkuya, kada ki ciwo bashin kayan haɗi.