Darasin Kimiyya: Me Ya Sa Ake Yanka Babban Wasan Gem Gunduwa-Gunduwa?

Ɗalibai, darasinmu na yau ya shafi wani abu da mafi yawanku kuka taɓa gani a gidan gem ko a shagon masu tura wasa. A soka filas mai giga 32 a kwamfuta, babu komai a cikinta, a ce za a tura mata wasa guda mai giga 6, sai kwamfuta ta ƙi, ta ce fayil ɗin ya yi girma. Mai shago zai ce muku sai an yanka shi. Ya yi gaskiya, amma sau da yawa bai san dalili ba. Dalilin lissafi ne tsantsa, kuma duk wanda ya gane shi ya gane yadda kwamfuta take ajiye kowane irin abu, ba wasa kaɗai ba.

Iyakar da lissafi ya gindaya

Mu fara daga tushe. Kwamfuta ba ta san komai ba sai sifili da ɗaya. Kowane gurbi da ke ɗaukar ɗaya daga cikin waɗannan biyun sunansa bit, bit takwas kuma su ne bayit ɗaya. Da bit ɗaya za ka iya rubuta lamba biyu, da bit biyu lamba huɗu, da bit uku lamba takwas. Duk bit ɗin da aka ƙara, adadin ya ninka. In kuka ci gaba da ninkawa har sau 32, za ku tarar da 4,294,967,296. Ku rubuta wannan lambar a littafinku, domin a kanta darasin ya ginu.

Filas, memori da faifan ajiya na waje duk suna buƙatar tsarin da zai riƙa tuna inda kowane fayil yake, da sunansa, da girmansa. Shi ne abin da ake shimfiɗawa lokacin da aka yi wa filas fomat. Ɗaya daga cikin waɗanda suka fi yaɗuwa a duniya shi ne FAT32, na kamfanin Microsoft, wanda ya fito a 1996 cikin wani sabon zubi na Windows 95. A wannan tsarin, kowane fayil yana da layinsa a rajista, kuma gurbin da aka ware don rubuta girman fayil bit 32 ne kacal. Tunda ƙirga daga sifili take farawa, lamba mafi girma da za ta shiga gurbin ita ce 4,294,967,295. Wato giga huɗu ba bayit ɗaya. Fayil ɗin da ya wuce haka ko da bayit guda ne, babu inda za a rubuta girmansa.

Ku ɗauki mai sito a kasuwar Dawanau wanda littafin ajiyarsa yake da gida uku kawai na rubuta yawan buhuna a kowane layi. Sitonsa na iya cin buhu dubu biyar, amma ba zai iya rubuta wa mutum ɗaya fiye da 999 a layi guda ba. In aka kawo masa buhu 1,500, sai ya rubuta 999 a layi na farko, ragowar 501 a layi na biyu. Wuri bai ƙare ba, gidan rubutu ne ya gaza. Haka abin yake ga filas ɗinku.

A 1996 wannan iyaka ba ta dami kowa ba, don abin da faifan CD yake ci bai wuce mega 700 ba. Daga baya ne faya-fayai suka kumbura. DVD mai shimfiɗa ɗaya yana ɗaukar bayit kusan biliyan 4.7, ya haura iyakar da kimanin miliyan 400. Mai shimfiɗa biyu, irin wanda God of War II ya zo a kai a PlayStation 2, yana ɗaukar biliyan 8.5. Da PlayStation 3 ta fito a 2006 da faifan Blu-ray, sai aka koma maganar giga 25 da giga 50. Amma ƙofar USB ta wannan na'ura, a yadda Sony ta ƙera ta, FAT32 ta sani. Ba ta karanta NTFS, wanda ya girmi FAT32 da shekara uku kuma ba shi da wannan matsala. Ga wasa mai girma, ga ƙofa mai ƙunci. Daga nan yanka ya samo asali.

Me ake nufi da buɗe na'ura?

Ba zan daɗe a nan ba, amma sai an buɗe na'ura take kunna wasa daga filas. Na'urar gem kwamfuta ce da aka umarta kada ta kunna wata manhaja sai mai ɗauke da sa hannun kamfani, sa hannun kuma na lissafi ne da ake yi da mabuɗin sirri. A Disambar 2010, a wani taron masana kwamfuta a Balin ta Jamus, wata ƙungiya mai suna fail0verflow ta nuna cewa Sony ta yi sakaci a PlayStation 3: lambar da ya kamata a canza a duk sa hannu, ita ɗaya aka yi ta maimaitawa, don haka ana iya lissafo mabuɗin. Buɗaɗɗiyar na'ura ita ce wadda aka sa ta daina tambayar wannan sa hannu. A PlayStation 2 ana yawan yin haka ta memori mai ɗauke da Free McBoot, sannan manhajar Open PS2 Loader ta karanta wasa daga filas.

Ya kamata ku san cewa ilimin abu daban, halaccinsa daban. Wanda ya kwafi faifan da ya saya da kuɗinsa don idon na'urarsa ya raunana ba ɗaya yake da mai kwafar aikin mutane yana sayarwa ba. Mu da muka ga yadda satar fasaha ta durƙusar da kasuwar faifan finafinan Hausa mun san zafin abin. Dokar haƙƙin mallaka ta Nijeriya ta 2022 ta hana karya makullan da masu fasaha ke sa wa ayyukansu, Sony kuma tana korar buɗaɗɗun na'urori daga dandalinta na intanet.

Yanka iri uku ne, kuma a nan ake yawan ruɗewa

Mutum zai ga fayil huɗu ko biyar masu suna kusan iri ɗaya, ya ɗauka duk hanyarsu guda. A ganina rabin wahalar da masu tura wasa ke sha daga wannan kuskuren take fitowa, don haka ku ba ni hankalinku sosai.

Iri na farko shi ne tsagwaron yanka. An ɗauki fayil ɗaya, an ƙirga bayit har zuwa wani adadi, an datse, an ci gaba. Ba a ƙara komai ba, ba a rage komai ba. Za ku gane shi daga wutsiyar suna. Manhajar multiMAN ta PlayStation 3 tana sa .66600, .66601, .66602. Hoton faifai da aka yanka yakan ƙare da .iso.0 da .iso.1. A Wii ta Nintendo, gunduwar farko .wbfs ce, ta biyu .wbf1. A PlayStation 2, manhajar USBUtil tana yanka wasa giga ɗaya-ɗaya, sunaye su fara da ul. su ƙare da .00, .01, sannan ta rubuta wani ɗan ƙaramin fayil, ul.cfg, wanda ke riƙe da jerin wasannin da yawan gunduwowinsu. In aka goge wannan ɗan fayil, wasannin na nan a filas amma na'ura ba za ta nuna su ba.

Abin lura shi ne gunduwa ta biyu ba rabin wasa ba ce da za a iya kunnawa. Kowane fayil yana da kai, wato bayit na farko-farko da ke faɗin ko shi wane ne. Ƙunshin PKG na PlayStation 3 yana farawa da wata alama ta bayit huɗu, kuma a kan nasa an rubuta jimillar girmansa da inda kowane abu yake a ciki. Wannan kai a gunduwar farko kaɗai yake. In ka ce na'ura ta girka gunduwa ta biyu, ba ta san mene ne ba. In ka ba ta ta farko ita kaɗai, za ta karanta kai, ta fara aiki, ta je neman bayit ɗin da aka yi mata alkawari ta tarar babu, sai ta tsaya da saƙon kuskure. Maganin shi ne a liƙa su bi da bi, a wurin da ba FAT32 ba, kamar faifan cikin na'urar ko kwamfuta mai NTFS. A Windows umarnin copy /b yana yin wannan, a Linux kuma cat. Wasu manhajojin ma ba sa liƙawa a zahiri, sai dai su riƙa yi wa wasan dabara: ya nemi bayit na biliyan biyar, su cire girman gunduwar farko, su ɗauko amsar daga ta biyu. Ɗebewa ce irin ta aji uku, amma ita ke riƙe da wasan.

Iri na biyu shi ne matsattsen ƙunshi, mai wutsiya kamar .part1.rar da .part2.rar, ko .7z.001. Wannan ba na na'urar gem ba ne, na kwamfuta ne. Ana tara dukkan sassan a folda ɗaya, a buɗe na farko kawai, manhajar ta bi sauran da kanta. Abin da ya fito shi ne ainihin fayil, kuma in ya wuce giga huɗu, kun dawo kan matsalar farko.

Iri na uku kuwa ba yanka ba ne ko kaɗan. Ƙunshi ne daban-daban, kowanne cikakke da kansa: uwar wasa, gyare-gyaren da kamfani ya fitar daga baya, da ƙarin matakai ko 'yan wasa. Waɗannan ba a liƙa su, wanda ya liƙa ya ɓata. Ana girka su ɗaya bayan ɗaya, uwa tukuna, sannan gyare-gyare daga ƙaramar lamba zuwa babba. Kuma dole lambar shaidar wasa ta dace. Faifan PlayStation 3 na Turai yawanci lambarsa da BLES take farawa, na Amurka da BLUS. Gyaran da aka yi wa na Turai ba zai zauna a kan na Amurka ba, ko da sunan wasan ɗaya ne.

Wuri da lokaci

Mu yi lissafi a allo. Wasa mai giga 12, an yanka shi huɗu. Ka kwafe gunduwowin zuwa cikin na'ura, giga 12 sun tafi. Ka liƙa su, wasu 12. Ka girka, wasu 12 kuma. Kafin ka goge tarkace, wasan giga 12 ya ci 36. Shi ya sa aiki ke mutuwa a kashi 80 cikin ɗari alhali mutum ya rantse akwai wuri. In aka liƙa kai tsaye daga filas, 24 ta isa.

Sauri ma yana da nasa hukunci. Ƙofar PlayStation 2 USB 1.1 ce, iyakarta megabit 12 a daƙiƙa, wato mega ɗaya da rabi. Giga huɗu a wannan tafiya sai ya ci kusan minti 48, kuma ba ta ma kai wannan iyaka a aikace. Wannan ne ya sa bidiyon cikin wasa ke sarƙewa in ana buga shi daga filas, alhali a faifai sumul yake tafiya. Laifin ba na yanka ba ne. PlayStation 3 tana da USB 2.0 mai megabit 480, tana kuma da ƙofar wayar sadarwa, wadda ta nan ake iya tura cikakken fayil daga kwamfuta ba tare da an bi ta FAT32 ba sam.

Yaya za ka san gunduwa lafiyarta ƙalau?

Girman fayil bai isa shaida ba. Bit ɗaya ya juya a cikin biliyoyi, girma bai canza ba, amma wasa zai daskare a wuri guda kullum. A wurinmu abubuwa biyu ne suka fi jawo haka: ɗauke wuta ana tsakiyar kwafa, da jabun filas. Jabun filas an yi wa ƙwaƙwalwarta ƙarya ne, tana cewa giga 64 gare ta alhali takwas ce. Tana karɓar duk abin da aka ba ta ba musu, sunaye su fito daidai, amma abin da ya wuce ainihin cikinta ya salwanta. Gunduwar farko lafiya, ta uku fanko. Manhajar H2testw tana tona asirinta, don cika filas ɗin take yi sannan ta karanta ta gani.

Masana sun tanadi awo na musamman. Ana bi ta kan dukkan bayit na fayil da wani lissafi, a fitar da gajeriyar lamba wadda ke zama shaidarsa. Ta MD5 harafi 32 ce, ta SHA-1 harafi 40. Canza bit ɗaya yana birkita lambar gaba ɗaya. Saboda haka ka auna fayil kafin yanka, ka sake aunawa bayan liƙi. In lambobin biyu sun zo ɗaya, ko bayit guda bai ɓata ba. Da irin wannan awon ake tabbatar da manhajojin da ake saukewa daga intanet, don haka abin da kuke koya a nan zai bi ku har wurin aiki.

Yanka dai yana kan hanyar zama tarihi. Tsarin exFAT, wanda Microsoft ta fitar a 2006, ya ware bit 64 don girman fayil, kuma PlayStation 4 tana karanta shi, haka ma sababbin zubin Open PS2 Loader. Amma muddin tsofaffin na'urori na aiki a unguwanninmu, za ku ci gaba da cin karo da waɗannan wutsiyoyi.

Aikin gida

Na ɗaya, ku lissafa gunduwa nawa faifan DVD mai bayit biliyan 8.5 zai zama in an yanka shi bisa iyakar FAT32, sannan nawa zai zama in kowace gunduwa bayit 1,073,741,824 ce. Na biyu, ku ninka biyu sau 64, ku faɗa mini ko akwai faifan da kuka sani da ya kai wannan girma. Na uku, wanda ke da kwamfuta a gida ya ɗauki hoto ko bidiyon da shi ya ɗauka, ya auna shaidarsa, ya yanka shi biyu, ya liƙa a daidai, sannan ya liƙa a juye, ya rubuto lambobin uku. Kada kowa ya yi wa filas ɗin gidansu fomat sai ya kwashe abin da ke ciki, domin fomat share rajistar yake yi baki ɗaya. Ku kawo amsoshinku ranar Litinin.