Neman gafara ba tare da baki ba: darasi daga wani fim na 1927

Kakanninmu sun san kallon da hoto ne kawai ke magana. Motar majigi ta tsaya a ƙofar fada, a kafa farin ƙyalle, wani ya riƙe lasifika yana bayani da Hausa. To, ɗalibi, cire mai lasifikar. Ta yaya ɗan wasa zai ce "ki yafe mini"?

Bajamushe F. W. Murnau ya amsa wannan a fim ɗinsa Sunrise, wanda ya shirya a Amurka a 1927. Wani manomi ne wata 'yar birni ta hure wa kunne ya nutsar da matarsa. Ya ɗauke ta a kwalekwale, ya ɓoye damin karan ruwa da zai tsira da shi in ya kifar da jirgin. A tsakiyar tafki ya miƙe kanta, sai ya kasa. Suna isa gaɓa ta ruga.

Nan darasin yake. Murnau bai yi gaggawa ba. Mijin ya bi ta har birni. Ya miƙa mata abinci, ta ɗauka, kuka ya hana ta ci. Ya sayo furanni, tsoron bai sake ta ba. Sai da suka shiga coci ana ɗaurin auren wasu, ya ji alkawarin da shi ma ya taɓa ɗauka a gaban Allah, sannan ya rushe da kuka a jikinta. Duk da haka lissafi bai cika ba. A hanyar komawa guguwa ta taso, kuma damin nan da ya tanadar wa kansa, ita ya ɗaura wa.

Mu 'yan Kankara, Faskari da Sabuwa ba sai an fassara mana ba. An yi zaman sulhu da 'yan bindiga a 2019, an sha jawabai, an ce a yafe. A Disamba 2020 aka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar kimiyya ta Kankara. Addini ya kwaɗaitar da yafiya, haka ne, amma malamanmu sun ce tuba a kan haƙƙin mutum sai da mayar da haƙƙin. Ni dai a zaman nan ban ga damin da aka ɗaura wa kowa ba.

Aikin gida ga masu kyamarar waya: minti uku, mutum biyu, ɗaya ya cuci ɗaya. A kashe sauti.