Matasan Indunusiya Da Sauyin Harkar Kasuwanci

Ƙidayar jama'ar da aka gudanar a ƙasar Indunusiya a shekarar 1441 ta Hijira, wato 2020, ta nuna cewa ƙasar tana da mutane miliyan 270, kuma fiye da rabinsu an haife su ne tsakanin 1981 da 2012. Saboda haka abin da matasa suka karkata gare shi, shi ne yake juya akalar kasuwa. Abubuwa biyu ne suka fi fitowa fili a ɗabi'unsu.

Na farko shi ne riƙon addini. A biranen Jakarta da Bandung, matasa Musulmi da dama sun rungumi abin da suke kira "hijira", wato gyara hali da sutura da hanyar neman kuɗi. Wannan ya bunƙasa cinikin hijabi da kayan kwalliya na halal, irin na Wardah, wanda Nurhayati Subakat ta fara fitarwa a 1995. Gwamnati ma ta bi sahu. Ta kafa dokar shaidar halal a 2014, wadda ta fara hawa kan manya da matsakaitan kamfanonin abinci a Oktoban 2024. Har ila yau, a 2021 an haɗe bankunan Musulunci uku na gwamnati suka zama Bank Syariah Indonesia.

Na biyu shi ne dogaro da wayar hannu. Kamfanin Gojek, wanda ya fara da 'yan acaɓa a 2010, ya sabar da matasa yin odar abinci da biyan kuɗi daga inda suke zaune. Daga baya suka koma sayen kaya a TikTok, inda mai talla yake baje haja kai tsaye ana kallonsa.

Wannan sauyi bai zo wa kowa da daɗi ba. 'Yan kasuwar Tanah Abang, babbar kasuwar yadi ta Jakarta inda fataken Afirka ta Yamma, har da na Nijeriya, suka daɗe suna sari, sun koka da ƙarancin masu saye. A Satumban 2023 gwamnati ta hana ciniki ta kafofin sada zumunta, TikTok ya rufe shagonsa a Oktoba. To amma a Disamba ya sayi kashi 75 cikin ɗari na Tokopedia, ya ci gaba da harkarsa.

Darasin da ke nan shi ne, doka tana iya jinkirta sauyi, amma da wuya ta maido da mai saye rumfar da ya bari. Ɗan kasuwar da yake hulɗa da Indunusiya, ko yake sayar wa matasa a gida, ya kamata ya tanadi abubuwa biyu: shaidar cewa kayansa halal ne, da hanyar da mai saye zai gan su ya biya ta waya. In kiɗa ya sauya, rawa ma sai ta sauya.