Darasi: Masu ƙetare iyaka kullum

Birnin Ƙonni yana ƙasar Nijar, wajen kilomita 420 gabas da Yamai. Illela tana Najeriya, cikin jihar Sakkwato. Garuruwan nan biyu maƙwabta ne, harshensu ɗaya.

Da sassafe ƴan Ƙonni suna ƙetarawa neman abinci: ƴan kabu-kabu, ƴan dako, magina da ƴan kasuwa. Da maraice su komo gida.

A Illela naira ake biyansu. A Ƙonni kuwa da sefa ake awon hatsi. Tilas su bi ta wurin ƴan canji. In naira ta faɗi, ladan yini ya ragu. Wanda bai iya lissafi ba, sai abin da aka miƙa masa.

Iyaka ma takan rufe. An rufe ta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020. An sake rufe ta a 2023, sai Maris 2024 aka buɗe. Magidanta da yawa sun rasa aiki.

Saboda haka, mai ƙetarawa ya riƙe katin shaidarsa, ya koyi lissafi, kuma kada ya saki gonarsa.

Tambayoyi:
1. Wane kuɗi ake kashewa a Illela?
2. Don me ɗan dako yake bukatar lissafi?