Yadda Ake Ɗinka wa Kujerun Falo Riga a Gida

Kujerar falo ba ta tsufa gaba ɗaya. Sai ki ga katakonta da sauran ƙarfi, sosonta bai lotsa ba, amma yadin jikinta ya sha wuya: hannuwa sun yi baƙi saboda dafawa, majingina ta sha man kitso, ga tabon manjan da yaro ya zubar tun bara, ga ƙurar hunturu ta shige saƙa ta ƙi fita. In an kira kafinta, cewa zai yi a kware ta a buga sabon yadi. Kuɗin ba kaɗan ba ne, kuma bayan shekara biyu a koma gidan jiya, domin yadin da aka kafe da ƙusa ba ya ciruwa balle a wanke shi. Riga kuwa tuɓe ta ake yi, a wanke, a goge, a mayar.

Uwargida, in kin iya miƙa ɗinki a keke, kin iya wannan aikin. Abu ɗaya za ki riƙe tun daga farko: a jikin kujera ake fitar da rigar kujera. Tef zai gaya miki yawan yadin da za ki saya, amma siffar rigar a kan kujerar za ki samo ta, da fil da alli.

Kayan aiki

Keken ɗinki, ko na ƙafa ne irin su Butterfly da Singer ya wadatar. Allurar keke mai lamba 16, ko 18 in yadin mai kauri ne. Lamba 14 da ake ɗinkin atamfa da ita karyewa take yi idan ta hau ninki huɗu. Zare mai ƙarfi, almakashi mai kaifi, tef, alli, fil mai yawa, zif na awo, dutsen guga, da takarda da biro na rubuta awo.

Zaɓen yadi

Nemi yadi mai cikakkiyar saƙa wanda ke jure wanki, kamar kaki, jins mara nauyi sosai, ko yadin labule mai kauri. Ɗaga shi ki duba ta hasken rana. In kina hango wanda ke tsaye a bayansa, bai yi ba. Atamfa tana yi, sai dai faɗinta bai wuce inci 45 zuwa 48 ba, ga shi ba ta da kauri, don haka a mazauni da hannuwa sai an yi mata shafi da akoko. Yadin kujera da na labule yawanci faɗinsu inci 54 zuwa 60 ne, sun fi auki. A Kano, Kantin Kwari ba a rasa irinsu, haka ma layin masu labule a kowace babbar kasuwa.

In wannan ne karonki na farko, ɗauki yadi mai launi ɗaya ko mai ƙananan zane. Mai manyan furanni yana cin yadi, domin dole fure ya zauna a tsakiyar majingina, kuma kada ya juya kai ƙasa. Karan-miski da danginsa masu gashi su ma suna da wuyar sha'ani: in gashin wani yanki ya kwanta sama, na wani ya kwanta ƙasa, sai ki rantse launi biyu ne. Kafin ki biya, jiƙa farin ƙyalle ki goga a bakin yadin. In ya kama launi, bar musu kayansu, in ba haka ba wata rana baƙo ya tashi da shaida a bayan farar shaddarsa.

Mataki na ɗaya: awo

Cire matasan zama ki ajiye gefe. Ki dubi kujerar a matsayin yankuna, ki bi layin ɗinkin da kafinta ya riga ya yi, domin shi ne jagoranki. Kujera mai zaman mutum ɗaya tana da baya na waje, majingina, mazauni, cikin hannu guda biyu, wajen hannu guda biyu, fuskar hannu guda biyu, da gaba, wato daga bakin mazauni zuwa ƙasa.

Auna kowane yanki a inda ya fi tsawo da inda ya fi faɗi. Sannan ki ƙara inci 1 a kowane gefe saboda ɗinki, da inci 2 a duk gefen da ya sauka ƙasa saboda kalmasa. Sai ƙari na uku, wanda masu koyo suka fi mantawa: rarar cusawa. Duk inda majingina, mazauni da cikin hannu suka haɗu akwai lungu, kuma rigar tana bukatar inci 5 da za a tura cikin lungun nan. Wannan rarar ce ke riƙe riga a wurinta, ita ce kuma ke ba ta sarari idan mai jiki ya zauna soso ya nutse. Rigar da ba ta da ita, zaman farko za ki ji ɗinki ya ce ɓarrr.

Ga misali. Majingina mai faɗin inci 24 da tsawon inci 22 tana da lungu a dama, da hagu, da ƙasa. Faɗin da za ki yanka shi ne 24, da 5 sau biyu, da 1 sau biyu, ya zama 36. Tsawo kuma 22, da 5, da 1 sau biyu, ya zama 29.

Zana yankunan a takarda kamar kina jera su a kan faɗin yadin, ki tara tsawonsu, ki raba da 36 domin ki san yadi nawa ne. A yadi mai faɗin inci 54, kujerar mutum ɗaya takan ci yadi 6 zuwa 8, mai zaman mutum uku kuwa 12 zuwa 16. Ƙara yadi 1 a kan lissafinki. Ragowa ba ta ɓaci, amma in ya gaza, sau da yawa kya koma kasuwa ki tarar bandirin ya ƙare.

Mataki na biyu: wanki kafin almakashi

Yadin auduga yana shiga ruwa ya tsuke. Idan kika ɗinka kafin wanki, ranar da kika fara wanke rigar ita ce ranar ƙarshe da za ta shiga kujerar. Jiƙa yadin gaba ɗaya, ki wanke shi yadda za ki riƙa wanke rigar nan gaba, ki shanya a inuwa, ki goge.

Mataki na uku: yanka

Shimfiɗa yadin a ƙasa mai tsabta, bayansa na kallon sama. Zana kowane yanki da alli a siffar murabba'i, kada ki damu da lanƙwasa tukuna. Tsawon kowane yanki ya bi tsawon yadin, kada wani ya bi tsaye wani ya bi kwance. Da kin yanka, rubuta sunan yankin a bayansa, ki ja kibiya mai nuna sama. Yankuna tara ko goma masu launi ɗaya, in suka cakuɗe babu suna, sai an sake awo.

Idan yadin mai tsada ne kuma hannunki bai faɗa ba, fara gwadawa da tsohon zanen gado. Bayan ya zauna daidai, ki warware shi ya zama abin da za ki ɗora ki yanka na gaske.

Mataki na huɗu: ɗorawa a kan kujera

Nan ne aikin yake, nan kuma ake son natsuwa. Ɗora kowane yanki a mazauninsa a birkice, fuskar yadin na kallon kujera, bayansa na kallonki. Fara da majingina: daidaita tsakiyarta da tsakiyar kujera, ki kafe ta da fil a jikin tsohon yadin, ki shafe da tafin hannu daga tsakiya zuwa gefe har ta kwanta. Yi wa baya na waje haka. Sai ki kama bakin biyun a saman kujera, ki bi su da fil ɗaya bayan ɗaya, daidai kan layin tsohon ɗinki. Layin fil ɗin nan shi ne layin da keke zai bi.

Daga nan sai cikin hannu da wajen hannu, sai mazauni da gaba, fuskar hannu a ƙarshe domin ita ce mai lanƙwasa. A lunguna, kada ki cusa rarar tukuna. Fito da ita waje, ki haɗa bakin rarar wannan yanki da na wancan. Inda yadi ya yi yawa a kan lanƙwasa, kamar kafaɗar kujera, yi ƙananan ninki biyu ko uku, kuma abin da kika yi a dama ki yi irinsa a hagu. Inda yadi ya ɗaure ya ƙi juyawa, ɗan tsattsaga bakinsa da kan almakashi, amma kada tsagar ta kai layin fil.

Kada ki ja yadin ya ɗame kamar fatar ganga. Ki bar shi ya kwanta, yadda yatsa zai iya shiga tsakaninsa da kujera.

Hattara da abu ɗaya: tunda a birkice kika ɗora, idan an juya rigar, dama za ta koma hagu. A yawancin kujeru wannan ba komai ba ne. Amma in hannu ɗaya ya fi ɗaya lotsewa, cika shi da guntun soso tun kafin ki fara.

In kin gama, bi layin fil da alli, ki ja ƴan gajerun alamu da suka ratsa yankuna biyu, domin ko fil ya zube ki san inda za su sake haɗuwa. Rage bakin yadi ya saura kamar rabin inci zuwa inci 1 daga layin. Zare fil ɗin da ke kafe a jikin kujera, ki buɗe kusurwa ɗaya ta baya, ki zare rigar a hankali.

Mataki na biyar: ɗinki

Kafin keke, yi ɗaurin allura da hannu, manyan taku, a wuraren lanƙwasa. Saita keke a matsakaicin taku, kamar 8 zuwa 10 a inci guda. Bi tsarin da kika bi wajen sa fil: majingina da baya, hannuwa, mazauni da gaba, sannan fuskar hannu. Riƙa zare fil kafin allura ta iso shi. Bayan kowane babban ɗinki, mayar da rigar kan kujera ki gani. Gyaran layi ɗaya ya fi farke riga sukutum sauƙi. Ɗinkin lunguna da na bakin mazauni ki maimaita shi sau biyu, domin su ke ɗaukar nauyi. Bakin yadi kuma a kama shi kada ya zaizaye a wanki: ko ki kai wa mai keken wibin, ko ki ninke ki bi da ɗinki. Kowane layi ki buɗe shi da dutsen guga. In yadin roba-roba ne, sa ƙyalle a tsakani, musamman da dutsen gawayi.

Mataki na shida: ƙofa da ƙasa

Kusurwar bayan nan da kika buɗe ita ce ƙofar rigar. Sa mata zif wanda ke buɗewa daga ƙasa zuwa sama, ko ki yi mata igiyoyi uku ko huɗu na ɗaurewa. Juya rigar, ki sa wa kujera, ki cusa rara a lunguna, sannan ki auna ƙasa. In kika yi kalmasa kafin cusawa, rigar za ta ɗage ta bar ƙafafu a waje. Ki bar rabin inci tsakaninta da ƙasa saboda shara da mofa. Mai son ado tana iya ƙara geza mai tattara, wadda ke cin ninki biyu na kewayen kujerar. Mai son ta kame tsaf kuma ta yi kalmasa mai faɗi, ta zura zariya ko roba, ta tsuke a ƙarƙashi.

Mataki na bakwai: matashin zama

A ce matashin faɗinsa inci 22, tsawo 24, kauri 5. Yanka sama da ƙasa, kowanne 23 da 25. A nan rabin inci kawai ake bari, domin rigar matashi ana son ta kama soso. Zif ya ratsa bayan matashin ya zagayo inci 3 a kowane gefe, wato inci 28, don soso ya shiga ba da kokawa ba. Yanka ƙyalle biyu masu faɗin inci 3 da rabi, tsawo 29, ki ɗinka zif a tsakaninsu. Sauran kewayen kuma ƙyalle ɗaya mai faɗin 6, tsawo 65. Haɗa su su zama zobe, ki ɗinka sama, ki zuge zif ya buɗe, sannan ki ɗinka ƙasa. In kika manta zif a rufe, babu ta inda za ki juya. Wajen sa soso, naɗe shi biyu ki tura, ki gyara kusurwoyi da hannu.

Kula da ita

Idan rarar tana yawan fitowa, musamman a kujerar leda mai santsi, naɗe tsohon ƙyalle kamar tabarma, ko ki yanka siririn soso, ki danna a lungun bayan kin cusa. Da rani, mayar da rigar auduga tun da sauran ɗan danshi, za ta bushe a jikin kujera ta ɗauki siffarta. Da damina kuwa sai ta bushe ƙarau, in ba haka ba soso ya ja ruwa ya yi fumfuna. A shanya a birkice kuma a inuwa, rana na cin launi.

Takardar awonki da zanen gadon da kika gwada da shi, ninke su ki adana. Kujerun seti ɗaya hannuwansu da tsayinsu iri ɗaya ne, faɗin majingina, mazauni, gaba da baya ne kawai ke canzawa. Wahalar a kujerar farko take. Ta biyu rabin lokacin za ta ci. Ki fara da ƙaramar tun Sallah da sauran nisa, kafin ki kai kan doguwar hannunki ya riga ya san hanya.