Darasin Adabi: Yadda Tauraro Ke Girma a Katun Ɗin Japan

Da yawa daga cikinmu a nan Tambuwal muna tura wa juna katun ɗin Japan da ake kira anime ta Xender lokacin hutu. A wannan mako za mu ɗauki wani nau'i nasa mu auna shi da ma'aunin darasin adabi.

Japanawa suna kiran nau'in isekai, wato "wata duniya". A yawancinsa mutum yakan mutu, sai ya farka a sabon jiki cikin duniyar matsafa da dodanni. Wannan dabarar ƙaga labari ce kawai, kamar yadda Gizo ke magana a tatsuniya, ba aƙidarmu ba ce. Tambayarmu ita ce: ta yaya za mu gane tauraro ya girma? Mu jira inda yanayin labari ya juya daga raha zuwa tashin hankali, mu ga abin da ya zaɓa.

Misali na farko shi ne That Time I Got Reincarnated as a Slime, wanda aka fara haskawa a 2018. Wani ma'aikaci ɗan shekara 37 ya mutu, ya farka a matsayin wata halitta mai yauƙi, aka sa masa suna Rimuru. Farkon labarin duk barkwanci ne: yana raɗa wa dodanni suna, yana gina gari. Har ya kafa wa jama'arsa doka cewa kada su taɓa ɗan Adam. A zango na biyu, a 2021, sojojin masarautar Falmuth suka afka wa garin suka kashe mutanensa, har da Shion, ta hannun damansa. Nan dariya ta ɗauke. Rimuru ya gane cewa dokarsa ta taimaka wajen jawo asarar, ya fita ya hallaka sojoji kimanin 20,000. Sai dai daga baya ya tayar da mamatan da sihiri, raha ta dawo. Ƙarfinsa ya ninka, amma rashin da ya yi bai dawwama ba.

Misali na biyu shi ne Ascendance of a Bookworm na marubuciya Miya Kazuki, wanda aka mayar katun a 2019. Wata budurwa mai tsananin son karatu ta farka a jikin Myne, yarinya 'yar shekara 5 mai yawan laulayi, 'yar wani soja mai gadin ƙofar gari. A duniyar, masu sarauta da attajirai ne ke mallakar littafi. Ta gwada rubutu a kan allon laka, ta gwada itace, duk suka lalace, kafin ita da abokinta Lutz su yi nasarar haɗa takarda. Da farko son kai ya yi mata yawa, littafi kawai ke gabanta. Amma da masu mulki suka sa mata ido, rayuwar iyayenta ta shiga haɗari, sai ta yarda aka sanar cewa ta mutu, ta koma gidan sarauta da sabon suna, kuma aka haramta mata kiransu iyayenta. Babu sihirin da ya goge wannan rabuwa nan take.

A ganina Myne ta fi Rimuru girma, ko da yake ba ta kai shi ƙarfi ba, domin ta biya farashin zaɓinta.

Wannan ma'auni yana aiki a littattafanmu. Idan aka tambaye ka game da tauraro a jarrabawar NECO ko WAEC, duba abu uku: me yake so a farko, wane lamari ya juya yanayin labarin, kuma me ya rasa bayan haka.

Aikin gida: ɗauki Ruwan Bagaja na Abubakar Imam. Shin Alhaji Imam da ya dawo da ruwan ya bambanta da wanda ya fita nemansa? Rubuta amsa a shafi ɗaya ka miƙa wa sakataren ƙungiya kafin Juma'a. Wadda ta fi gamsarwa za mu liƙa ta a nan mako mai zuwa.